Mabugin da Na Kai Nima

Tun da na dawo daga Gana ban huta ba. A ofis tambaya, a majalisa tambaya, har mai shayin bakin layinmu sai da ya ce in ba shi labarin Ankara. Wasu kuma na san tsaraba suke nema, labarin fakewa ne. To, ga shi na rubuta sau ɗaya, kowa ya karanta ya ƙyale ni. Amma tun yanzu in gaya muku, ba yawon buɗe ido na je ba, aike na kai.

Abin daga talabijin ya faro. Wata Asabar bayan la'asar, kafin labarai, aka cike gurbi da wani gajeren fim na Gana da bai fi minti ashirin ba. An nuno wata unguwa mai cunkoso, ga kwata, ga rufin kwano duk tsatsa, wani yana ta bayani da Turanci a kan talauci. Sai ga wani tsoho da yagaggiyar singileti yana bugun riga a kan gungume. Daga baya ya ɗauki rigar ya kai wani katafaren gida, aka bar shi a tsaye a ƙofa, aka karɓa ta tsakanin ƙarafa. Ni dai na ce, "Allah sarki," na miƙa hannu zan kashe.

Babana, Malam Iro, yana kishingiɗe a kan buzu a bakin ƙofa. Shekara uku ke nan yanar ido ta rufe masa gani, sai dai kunne. Ya ce, "Bala, bar shi. Ƙara murya."

An sake nuno tsohon yana bugu. Tim, sai shiru. Tim, sai shiru.

"Tanko ne," in ji Baba. "Ka ji wurin nan da yake bari tsakanin bugu da bugu? Gurbin nawa bugun ne."

Ga waɗanda suka tashi a zamanin dutsen guga, bugu shi ne a yayyafa wa shadda ruwa, a ninke ta a kan gungume, mutum biyu su zauna suna fuskantar juna, kowa da mabuginsa, wato wata guduma ta itace mai nauyin tsiya. Wannan ya sauke, wannan ya ɗaga, kowa da ɓangarensa na rigar, har ta yi ƙyalli. Sana'ar babana ke nan a Nima, wata unguwa a Ankara, shekara goma sha ɗaya, kuma a can aka haife ni. Ban taɓa faɗa wa kowa a ofis ba. In an tambaye ni, cewa nake ɗan kasuwa ne, tunda goro ya koma sayarwa da muka dawo. Kunya nake ji, ba zan ɓoye ba.

Ranar ya ba ni labarin da bai taɓa bayarwa ba. Shekarar da aka kori baƙi daga Gana, shi da abokin bugunsa Baba Tanko sun yi alkawari, ko su tafi tare ko su zauna tare. Matar Baba Tanko 'yar ƙasar ce, tana kwance ba lafiya, ba ta tafiyuwa. Ita kuma innata tana da tsohon ciki. Tsoro ya ci Baba. Ya samu wuri a wata babbar mota, ya kwashe mu bayan sallar asuba, ko sallama bai yi ba. Cikin ƙunshin kaya kuwa har da mabugi ɗaya daga cikin biyun da aka sassaƙa musu daga itacen kirya guda.

"Shekara kusan ashirin ina cewa ya mutu, don in samu in yi barci," in ji shi. "Ashe yana nan. Ka kai masa kayansa, ka ce ya yafe mini. Ba na so in je kabari da wannan."

Ya sa aka buɗe akwatin ƙarfensa, aka ciro wata shuɗiyar babbar riga ta shadda a ninke. Ya ce in sa ta ranar da zan je gaban Baba Tanko. Ni kuma ban tambayi dalili ba. Da ma na tambaya.

Daga Kano zuwa Ikko ba abin faɗa, bas ce da ciwon baya. Wahalar daga kan iyaka ta fara, kuma duk mabugin nan ne ya ja. A Seme ma'aikacin da ya buɗe jakata ya ɗaga shi da hannu biyu, ya dube ni da wandon ofis da agogo, ya dubi abin, ya ce kan wa zan je in fasa. Na fara bayani da Turancin makaranta, ya ƙi shiga. Sai wata Bayarabiya 'yar kasuwa da muke mota ɗaya ta fizge shi, ta yi kamar tana dakan sakwara, ta ce yaron nan aure zai yi, ya saya wa amarya taɓarya. Aka yi dariya aka sake ni. Har muka rabu a Kwatano tana kirana ango.

A Kwatano na ci wani burodi dogo kamar sanda, mai tauri a waje, da miyar kifi. Ban san Faransanci ba, ban san yarensu ba, da yatsa na yi ciniki. Abin da ya fi damuna a hanyar nan ba yunwa ba ne. Yini guda cur ban yi magana da kowa ba sai "na gode", ita ma ba a fahimta.

A Aflawo, ƙofar shiga Gana, na shirya wa wata rigimar. Sai ma'aikacin ya juya mabugin, ya shafa inda hannu ya cinye itacen, ya ce da wata irin Hausa, "A'a, na bugu ne. Kakana ya yi wannan aiki a Kumasi. Akwaba, wuce." Akwaba ita ce sannu da zuwansu. Na wuce ina jin wani iri, don ya ambaci sana'ar kakansa a gaban mutane ko a jikinsa.

A motar Ankara na zauna kusa da wani fatken goro, Alhaji Sedu. Shi ya sa ni a torotoro, ƙananan motocin hayarsu, ya ce in sauka Mamobi in tambayi gidan Mma Adiza mai saukar baƙi. Na same ta, wata dattijuwa ƙatuwa mai murya kamar ta ladan, tana sayar da abinci a ƙofar gida. Ta ba ni ɗaki mai taga ɗaya da ke kallon bangon maƙwabta, da tabarma, da bokiti.

Hausarsu kuwa, kuna ta tambaya. Eh, gaskiya ne, "matana ya tafi kasuwa" suke cewa, kuma kafin mutum ya kai ƙarshen magana ya bi ta yare uku. Da na yi gaisuwa irin tamu, wasu samari suka ce in maimaita, wai Hausar rediyo nake yi. In kun yi musabaha sai an ɗan ƙyasta yatsa a ƙarshe. Ni kullum sai na makara, hannuna ya tsaya a iska. Abinci kuma, shinkafa da wake suke dafawa ja wur a zuba a ganye, su ce mata wace, a ɗora taliya da wani baƙin yaji mai suna shito wanda ya sa na yi hawaye a gaban mata. Dokunu, tuwon masararsu da ake naɗewa a ganye, na gwada sau ɗaya, tsaminsa ya kore ni. Kokonsu dai da ƙosai ba laifi, sai dai citta kamar an yi gaba da mai sha.

Da na ce Baba Tanko nake nema, Mma Adiza ta ce, "Na sini, wanda aka sa a fim? Kowa ya san shi. Ka tsallaka babban kwata ka shiga Nima, ka bar tambaya, ka bi ƙara."

Washegari da safe na ciro rigar Baba. Duk ta yi layi-layi na ninki, ga hanya ta ƙara yamutsa ta. Na ce haba, ina ɗan Kano, ma'aikaci, in je gaban mutum a haka? Na roƙi Mma Adiza dutsen guga. Ta dubi rigar, ta dube ni.

"Wajen mai bugu za ka je da rigar guga?"

"Ai don in fita fes ne, Mma."

"To, baƙo sarki ne," ta ce, ta zuba gawayi.

Na goge ta sarai, gaba da baya, har da yayyafa ruwa. Na lura ƙyallin ya ɗan dushe, amma na ce tsufa ne.

Na bi ƙarar kamar yadda aka ce. Lungu ya kai ni lungu, mata suna wanki, rediyo yana kiɗa, ba wanda ya san a nan aka yanke mini cibiya. Can sai na ji ta. Tim, shiru. Tim, shiru. Wata rumfar kwano ce a bayan wani ƙaramin masallaci. Tsohon yana zaune a gefe ɗaya na gungumen da farar taguwa tas, ba yagewa ko ɗaya. A ɗaya gefen akwai wani buzu a shimfiɗe, a kakkaɓe, ba kowa a kai.

Na yi sallama, na durƙusa. Ya amsa da Hausa tsantsa irin ta mutanen Damagaram. Na ce ni ɗan Malam Iro ne daga Kano. Ya ajiye mabuginsa a hankali.

"Kwaku," ya ce. Sunan da maƙwabta suke kirana da shi ke nan don an haife ni ranar Laraba. Rabona da jin sa tun ina ɗan shekara biyar. "Yana raye?"

"Yana raye, Baba. Sai dai ido."

Ya gyaɗa kai. Sannan idonsa ya sauka a kan rigar. Ya miƙo hannu ya kama bakin hannunta, ya murza tsakanin yatsu biyu. Ya daɗe yana murzawa.

"Wa ya sa mata wuta?"

"Ni ne, Baba. Ta yamutse a hanya."

"Ka san wace riga ce wannan?"

Na ce ban sani ba.

"Ita muka buga ta ƙarshe, ni da ubanka, ana gobe zai tafi. Ninkin da ka goge, ni na yi shi."

Wallahi da ƙasa za ta tsage da na shige. Shekara ashirin Baba yana adana shaidar da zai aiko da ita, ni kuma na shafe ta da gawayin Mma Adiza kafin karin kumallo. Don in rufe kunya na yi sauri na ciro mabugin, na ajiye a gabansa, na faɗi saƙon kamar mai karanta takarda. Ya dubi mabugin. Bai taɓa shi ba, bai ce ya yafe ba, bai ce bai yafe ba.

"Tuɓe rigar," ya ce. "Sai an wanke gugar nan. Ka dawo jibi."

Haka na koma Mamobi da singileti da wandon shadda, ina ratsa kasuwa. Ni da na zo da tausayin mai singileti a fim. Da Mma Adiza ta gan ni, sai ta ƙara mini ƙosai biyu.

Kwana biyun nan su ne mafi tsawo a tafiyar. Na nemi gidan da aka haife ni, na tarar wasu mutanen arewacin Gana ne a ciki, suka ba ni ruwa cikin mutunci, amma ba wanda ya taɓa jin sunan Iro. Ranar Asabar na ci karo da jana'izar Kiristoci, an sa baƙi da ja, ana kiɗa ana rawa kamar biki. Na tsaya daga nesa ina kallo, har na ji ina kishin mamacin don yawan mutanensa. Na je bakin teku, na dube shi, na dawo. A ɗaki ba abin da nake ji sai hirar mutane ta bayan bango da yaren da ban sani ba. Kaɗaici ya ishe ni, har na rasa inda zan sa kaina, sai na koma rumfar tun kafin jibin ta yi.

Bai kore ni ba. Na nufi buzun nan zan zauna, ya nuna mini wani benci da haɓa. Ina zaune har azahar, riga biyu kacal aka kawo. Ya ce yanzu kowa ya koma guga, sai tsofaffin alhazai da suka san bambanci. Matarsa ta rasu shekara biyu bayan tafiyarmu, ba su haihu ba. A masallaci yake cin abincin rana tare da ladan.

Na ce masa a fim muka gan shi. Ya ce shi bai taɓa gani ba, an dai ce an nuna a wani wuri a cikin gari, ba a gayyace shi ba.

"Masu fim ɗin yara ne masu ladabi," ya ce, "amma talauci suka zo nema, ni kuma bugu nake da shi. Singiletin nan su suka zo da ita, a gabana suka yaga ta. Na sa, don ba a jikina mutuncina yake ba. Suka ce bugun mutum ɗaya ba daɗi a kunne, za su kawo wani ya zauna can." Ya nuna buzun. "Na ce wurin da mai shi."

"Gidan da kuka kai rigar fa?"

"A unguwar Kanda yake, gidan wani babban mutum. Wai in na zo miƙawa in durƙusa, in sunkuyar da kai, don masu kallo su ji tausayi. Sau huɗu muna yi. Na ce musu in gaisuwa ce, zan durƙusa wa wanda ya girme ni har gobe. Amma aiki a tsaye ake miƙa shi. Wanda ya durƙusa da aiki a hannu, ya san akwai inda ya ha'inta. Da suka gaji suka ɗauka a haka."

Sai a lokacin na tuna lallai a tsaye yake a fim ɗin, ƙyam. Ni kwata na gani da singileti, ban ga wannan ba.

Ya tambaye ni aikin da nake yi, na ce akawu. Ya ce madalla. Ya ce a can an san ɗan wa ne ni? Na zuba wa gungumen ido. Bai sake tambaya ba, ya ci gaba da yayyafa ruwa.

Ranar tafiya na je da sassafe. Rigar tana naɗe cikin takardar siminti, an ɗaure da zare. A kanta kuma ga mabugin da na kawo.

"Baba, wannan ai naka ne."

"Ɗauki ka mayar."

"To me zan ce masa?"

"Ka ba shi rigar. Kada ka sake ka sa mata wuta." Ya miƙo mini hannu a tsaye, muka yi musabaha irin ta gida, ba ƙyasta yatsa. Kafin in kai bakin lungu na ji ya koma bugunsa.

A tashar Lome, muna jiran mota ta cika, na kasa haƙuri na kwance takardar. Rabin rigar, daga wuya zuwa hannun dama, yana ƙyalli har ana ganin inuwar yatsa. Ɗaya rabin kuwa yadda ya bushe a igiya haka yake, a yamutse, ko sau ɗaya mabugi bai sauka a kai ba. Na ce shi ke nan, ya ƙi. Ya dawo da kayan, ya kuma ƙi ƙarasa aikin, duk don in ga iyakata. Kuma laifina ne, ni na ɓata aiken.

Daga Lome har Kano tunani ɗaya nake yi. In na sauka in wuce mabugar Ƙofar Mata a ƙarasa mini rabin, in jefar da mabugin a wani wuri, in ce wa Baba an karɓa an yafe. Makaho ne, wa zai gaya masa? Har na tsayar da tasi. Abin da ya hana ni, maganar tsohon nan ce ta miƙa aiki a tsaye. Na ce wa direba ya kai ni gida.

Na tarar da Baba a kan buzunsa da hantsi. Bai bari na gama gaisuwa ba.

"Ka same shi?"

"Na same shi, Baba." Na gaya masa komai, har da gugar. Na ce ya ƙi karɓar mabugin, bai kuma ce ya yafe ba. Na ɗora masa rigar a cinya.

Ya warware ta. Tafin hannunsa ya bi ɓangaren dama yana sulɓi, ya zo tsakiya, ya tsaya inda santsin ya ƙare. Ya tsallaka hagu, ya damƙi yamutsattsen yadin.

"Kai dai akawu ne kawai," ya ce. "Da bai yafe ba, da ya buge ta duka, ya nuna mini ba ya bukatata. Dama tasa ce, hagu tawa. Ya bar mini aikina, ya aiko mini da abin yi."

Ba mu da gungume a gidan. Aka kwantar da tsohon turmin inna a tsakar gida, na kawo ruwa a kwano. Shi ya yayyafa, shi ya ninke, hannunsa bai manta ko ɗaya ba. Ya ɗaga mabugin da ƙyar, ya sauke. Na ɗauka numfashi yake mayarwa da ya tsaya, har na matso zan karɓa.

"Kauce," ya ce. "Tanko ne da bugu yanzu."

Ya jira daidai gwargwado, sannan ya sake saukewa.